Daminar da Mudi Ya Je Gona

Kwana uku ke nan ruwa bai ɗauke ba a Utako. Marka ce sosai, irin siririn ruwan nan mai naci da ke jiƙa buhu ta ƙasa ba ka sani ba. Na ɗora buhunan masara da wake a kan katako, na lulluɓe na bakin ƙofa da tamfol, na zauna ina kallon masu tura baro sun fake a rumfar mai shayi. Babu ciniki.

Ina zaune sai na ji wani siririn kiɗa daga shagon maƙwabcina Nasiru, mai sayar da man gyaɗa. Kiɗa ne kamar ana yin sa ta hanci, sai ƙit-ƙit a tsakani. Na miƙe na leƙa shagonsa tun kafin in gane mene ne.

"Nasiru, me kake kunnawa haka?"

"Gem ne, Malam Shu'aibu. Irin na da, wanda ake jona wa talabijin."

"A waya?"

Ya miƙo mini. Ya ce wata manhaja ce ake saukewa, suna ce mata emuleta, tana mayar da waya ta zama tamkar tsohuwar na'urar gem. Wasannin da a da suke zuwa a kaset yanzu ƙananan fayil ne, sai ka zuba mata ta karanta. Na riƙe wayar ina kallon wani ɗan mutum yana tsalle. Ba wasan da na sani ba ne, amma kiɗan danginsa ne. Na mayar masa na koma shagona, kuma har la'asar ban iya tunanin komai ba sai wata damina a Jiwa, shekara talatin da 'yan kai da suka wuce.

Ina da shekara goma sha huɗu a lokacin, ƙanena Mudi yana da sha ɗaya. Baba mutumin ƙasar Zazzau ne, aikin hanya ya kawo shi Abuja. Da aikin ya ƙare bai koma gida ba, sai wani dattijo a Jiwa ya ba shi aron gona a bakin rafi, muka zauna.

A shekarar ruwa ya sauka da wuri. Muka yi shuka da murna, masara ta fito kore shar, sai sama ta bushe. Sati uku babu ɗigo. Kullum da hantsi hadari zai haɗu ta gabas, iska ta taso mai ƙamshin ƙasa, mu tsaya muna kallo, sai ya watse. Ganyen masarar ya naɗe kamar tabarma, ya yi fari, ya kwanta. Da ruwa ya dawo dole aka sake shuka, kuma irin da aka sake shukawa daga cikin abincinmu aka ɗebo shi. Na ga Inna tsaye a bakin rumbu Baba yana miƙo mata dami. Ta daɗe tana kallon abin da ya rage.

Kafin a gama noman firi, wato noman farko, mun koma cin tuwo sau ɗaya a rana. Da asuba Inna za ta dama kunu tsararo, babu sukari, mu sha mu ɗauki fartanya. Da rana sai kwaɗon rama ko tafasa, wani lokaci da ɗan ƙuli-ƙuli, wani lokaci gishiri kawai. Tuwon sai bayan magariba. Yunwar damina daban take da ta azumi, domin ba ka san ranar da za a sha ruwa ba. Ka sunkuya a kan kunya, ka ɗago, sai ka ga gonar ta yi duhu ta dawo. Ƙasa ta manne a fartanya ta yi nauyi. Ƙafafuna suka tsage tsakanin yatsu saboda zama cikin laka. Warin jiƙaƙƙiyar riga da hayaƙin ɗanyen itace, shi ne warin gidanmu a watannin nan.

Mudi ba ya zuwa gona. Sikila gare shi, abin da Inna ke kira sanyin ƙashi. Idan ciwon ya tashi sai ya dunƙule yana cizon zani, gaɓoɓinsa su kumbura, idonsa ya yi rawaya. Sanyi da ruwa ne manyan abokan gabarsa. Don haka idan mun fita da Baba cikin raɓa, shi yana kwance cikin bargo. Ƙanzon tuwo nasa ne. Idan kaza ta yi ƙwai, nasa ne. Na san dalili, kuma ina son ƙanena. Amma sanin dalili bai taɓa cika mini ciki ba.

Duk wannan da na jure, da ba don gidan su Ishaya ba.

Oga Yakubu, baban Ishaya, masinja ne a wata ma'aikata a cikin gari. Kirista ne daga kudancin Kaduna, ya kama haya a bayan gidanmu saboda sauƙi. Yana da babur, yana da ƙaramar talabijin mai baƙi da fari da yake kunnawa da batirin mota, duk Asabar ya ɗaure batirin a babur ya kai caji. A wannan daminar ce ubangidansa a ofis ya ba shi tsohuwar na'urar gem da 'ya'yansa suka gaji da ita. 'Yar ƙaramar aba ce mai launin toka, da kaset guda ɗaya rawaya, da abin riƙewa biyu masu igiya da muke ce wa hannu.

Rubutun jikin kaset ɗin babu wanda ya iya karantawa, ba boko ba ne ba ajami ba. Sai suka sa wa wasan suna Mai Kwalekwale. Wani ɗan mutum ne a cikin kwalekwale yana haura kogi, yana kauce wa duwatsu da kada, abokinsa a baya yana harbin tsuntsayen da ke faɗo musu. Dole mutum biyu su haɗa kai, ɗaya na tuƙi ɗaya na harbi.

Ishaya sa'an Mudi ne, ajinsu ɗaya. Da aka yi dogon hutu, da zarar rana ta ɗan ɗaga Mudi zai lallaɓa ya tafi can, ba zai dawo ba sai la'asar. Hanyarmu ta dawowa daga gona ta bayan tagarsu take bi. Sai in ce wa Baba zan wanke ƙafa a rijiya, in tsaya a jikin tagar da fartanya a kafaɗa. Ta tsakanin ƙarfen tagar nake hango su zaune a kan tabarma, ƙafafunsu fes babu laka, kafaɗa na gugar kafaɗa. Mudi ne ke tuƙi. Wannan yaron da ko guga ba ya iya ja daga rijiya, a nan shi ne gwani. Yatsunsa sirara suna yawo a kan maɓallan, Ishaya yana cewa, "Hagu, hagu, kada na zuwa," shi kuwa ko gezau. A gefensu akwai kwano. Wata rana dafaffiyar doya da manja, wata rana gwaten acca. Maman Ishaya ba ta taɓa zuba wa ɗanta shi kaɗai ba.

Ta taɓa ganina a tagar. Ta ce, "Shu'aibu, ka shigo mana, abinci yana nan."

Na ce na ƙoshi. Na tafi gida cikina yana kuka, ina jin haushinta, ina jin haushin kaina, amma wanda na fi jin haushi shi ne Mudi. Da daddare ya kwanta kusa da ni yana warin manja, yana ba ni labarin kogi na uku, inda ruwa ke gangarowa daga dutse. Sai in juya masa baya in yi kamar na yi barci.

Wata rana ina jikin tagar batirin ya mutu, hoton ya ƙanƙance ya ɓace. Suka ajiye hannuwan. Sai na ji Ishaya ya ce, "Me ya sa kake saurin cin abinci haka?"

Mudi ya rage murya. "In gaya maka, ba za ka gaya wa kowa ba?"

"Ba zan faɗa ba."

"Ka rantse."

Ishaya ya rantse irin tasu. Mudi ya ce, "A gidanmu sau ɗaya ake yin tuwo. Rumbun ya kusa ƙarewa. Baba ya ce kada kowa ya ji."

Gaskiya ne Baba ya faɗi haka. Mutum ne da zai iya kwana uku bai ci ba, ya fito masallaci yana sakace haƙori.

Na kwana biyu da maganar a cikina. A rana ta uku muna maimai, noma na biyu, ni da Baba kaɗai, rana ta fito bayan ruwa ƙasa tana tururi. Na ce, "Baba, mutane sun san ba mu da abinci."

Ya tsaya da fartanya a sama. "Wa ya ce?"

"Mudi ne ya faɗa a gidan Oga Yakubu. Can yake cin abinci kullum. Kuma ni ban ga ciwon da ke damunsa ba, wuni yake yana tsalle yana ihu."

Maganar farko gaskiya ce. Ta ƙarshe ni na ƙara. Baba ya ci gaba da noma, amma na ga yadda yake sara ƙasar.

Bayan sallar magariba ya kira Mudi. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Maganar da ka kai gidan mutane ta zaga ta dawo kunnena. Daga yau ƙafarka ba za ta sake taka gidan ba. Tunda kana da ƙarfin yawo, jibi akwai gayya, da kai za a je."

Inna ta ce, "Malam, marka ake yi fa."

"Ba noma zai yi ba. Ya ɗauki ruwan sha ya bi mutane. Ya ga inda tuwon ke fitowa."

Mudi bai kalle ni ba, domin bai zo masa a rai ba. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Ya rantse mini fa." Ni kaɗai na gane da wa yake.

Gayyar a gonar dattijon da ya ba mu aron gona aka yi ta. Maza kusan ashirin suka jeru, kowa da kunyarsa, mai ganga yana binsu. Da safe gari ya yi kyau. Mudi yana biye da mu da buta da moɗa, yana murmushi duk wanda ya ba ruwa. Wani ya ce, "Malam, yau ka fito da autan maza," Baba ya ɗan yi dariya. Har wannan ma sai da na ji zafinsa, domin ni kullum ina gonar babu wanda ya taɓa cewa komai.

Wajen azahar gabas ta yi baƙi. Kafin a gama kunyar da aka kama iska ta taso, ruwa ya sauko kamar da bakin ƙwarya. Babu wurin fakewa sai wata ɗorawa. Muka cunkushe a ƙarƙashinta, ruwa na bin ganye yana zuba a wuyanmu. Baba ya tuɓe rigarsa ya rufa wa Mudi, amma rigar ma a jiƙe take. Na ga leɓensa ya yi fari, haƙoransa na haɗuwa. Kafin ruwan ya tsagaita ya fara riƙe ƙugunsa na dama.

Ni na goyo shi zuwa gida. Rafi ya kawo, muka bi ta doguwar hanya. Ba shi da nauyi ko kaɗan, amma duk taku ɗaya sai ya yi ƙara a kunnena. Yana cewa, "Yaya, a hankali," ina cewa, "Mun kusa." Ina jin zafin jikinsa ta cikin jiƙaƙƙiyar rigata.

Inna ta hura wuta a ɗaki, ta gasa tsumma tana danna masa, ta shafa man zafi. Bai yi ba. Washegari da sassafe Oga Yakubu ya ji kukan ta katanga, ya shigo ba tare da an kira shi ba. Ya ce, "Malam, ba na gida ba ne wannan." Baba ya hau bayan babur rungume da Mudi a tsakiyarsu, suka tafi asibiti cikin yayyafi. Sati biyu suka yi, aka ƙara masa ruwa da jini. Ni na riƙe gonar ni kaɗai. Da suka dawo Mudi yana jan ƙafar dama, kuma har yau da sanda yake tafiya. Daga baya likitoci sun ce cutar takan cinye kan ƙashin ƙugu ko an shiga ruwa ko ba a shiga ba. Na riƙe wannan maganar da hannu biyu, amma ba ta taɓa zauna mini daidai ba.

Baba ya janye dokarsa, har ya je da kansa ya yi wa Oga Yakubu godiya. Amma Mudi ya ƙi komawa. Ishaya ya zo duba shi da kaset ɗin rawaya a hannu, ya ce ya kawo masa ya riƙe. Mudi ya juya fuskarsa ga bango. Ya zo sau uku, sau uku ana haka. A na ƙarshe ya tsaya a tsakar gida idonsa ya cika da hawaye, ya ce mini, "Me na yi masa?"

Na ce, "Ciwo ne, zai huce."

Wasan ba ya yiwuwa da mutum ɗaya. Bayan kwana biyu Ishaya ya leƙo ta taga ya kira ni. A lokacin masara ta fara goyo, aiki ya yi sauƙi. Na wanke ƙafa, na shiga, na zauna a inda Mudi ke zama. Na ci doyar. Na riƙe hannun da na yi wata biyu ina kallo.

Ban iya ba. Yatsuna sun yi kanta, idan na danna maɓalli ɗaya sai in haɗa da na kusa da shi. Ko kogin farko ban taɓa haurewa ba. Ishaya yaro ne mai haƙuri, amma bakinsa ba ya rabuwa da, "Mudi ta nan yake bi," "Mudi ba ya jira kadan ya buɗe baki." Na samu wurin, na samu kwanon, amma sunan ƙanena ne ke cika ɗakin. Bayan kaka aka ba Oga Yakubu gida kusa da wurin aikinsa, suka kwashe. Mudi bai fito sallama ba.

A shekarar mun ci sabuwar masara gasasshiya tun ba ta gama ƙosawa ba. Rumbu ya sake cika. Baba ya rayu shekara goma sha biyu bayan haka, bai taɓa tayar da maganar ba, ni ma ban tayar ba.

Wannan shi ne abin da kiɗan wayar Nasiru ya tono. A ranar na sauke manhajar a wayata. Mudi yanzu gyaran waya yake yi a Mpape, da na kai masa da minti biyar ya ishe shi. Abin da ya sa ban kai ba ke nan. So nake in nemo Mai Kwalekwale da kaina, in ƙware, sannan in je in ajiye masa wayar a gabansa.

Da na buɗe manhajar sai fuska baƙa da wani ɗan rubutu, wai babu wasa. Na shiga neman wasannin, na danna wani koren maɓalli mai cewa a sauke, sai tallace-tallace suka cika mini waya, har da na wasu mata da sai da na kife ta a kan buhu. Da na samu na gaskiyan, suka ƙi buɗewa. Nasiru ya ce a ƙunshe suke zuwa, sai an warware su, a zuba su a folda ɗaya, a nuna wa manhajar inda foldar take. Ranar da wasa na farko ya buɗe, kiɗan ya tashi a shagona, sai da na waiga ko wani na kallona. Maɓallan zane ne kawai a kan gilashi, babu abin da yatsa zai ji, babban yatsana kuwa ya rufe rabin fuskar.

Babbar matsalar ita ce ban san sunan wasan ba. Na sauke wasanni ɗaruruwa ina buɗe su ɗaya bayan ɗaya. Mota, dambe, ƙwallo, jirgin sama. Mai saye zai tsaya yana cewa a auna masa wake, ina cewa ina zuwa. Sati biyu na yi haka. Ranar wata Juma'a bayan masallaci na haƙura, na hau mota zuwa Mpape.

Shagon Mudi yana bakin hanya, a gindin tudu, ƙurar fasa dutse ta zama laka a ƙofarsa. Kamar kullum akwai mutane zaune a bencinsa, wasu gyara suka kawo, wasu hira kawai. Haka yake tun yana yaro, inda ya zauna nan ake taruwa. Inna ma da Baba ya rasu, na gyara mata ɗaki a gidana, ta ce ita wajen Mudi za ta zauna, shi ne mai buƙatar ido. Na shiga gidan da ke bayan shagon na gaishe ta, ta tambaye ni iyali, sannan ta ce in ga yadda Mudi ya rame.

Da mutane suka ragu na miƙa masa wayar. "Ka tuna gem ɗin nan na Jiwa?"

Ya ɗago daga kan wayar da yake liƙa wa dalma. "Mai Kwalekwale? Yaya, kai ne da gem?"

"Nema nake na rasa."

Ya duba abin da na yi, ya yi dariya, ya goge tarkacen da na tara. Ya rubuta wani abu da Turanci, ya buɗe hotuna yana wucewa, yana rera kiɗan a hankali ta hanci. Bai kai minti goma ba ya ce, "Ga shi." Ya jawo wani hannu marar igiya daga durowa, ya haɗa shi da wayar, ya jera maɓallan yadda suke a na da. Ya nuna mini wani abu da babu shi a zamaninmu: kana iya yin sebin a duk inda kake, idan ka mutu ka dawo daidai wurin. Akwai kuma inda za ka sa manhajar ta riƙe maka harbi idan ba ka da abokin wasa.

"Amma wannan na ragwaye ne," in ji shi. "Mu da in ka mutu, sai farko."

Ya jingina wayar da kwalbar sinadari, ya bar wa manhajar harbi, ya fara. Ashe kogin shuɗi ne, kwalekwalen ja. Mu a baƙi da fari muka san su. Shekara talatin bai taɓa wasan ba, amma ya haure kogin farko bai taɓa dutse ko ɗaya ba. Na ji tsohon kishin nan ya taso mini, sabo fil, kamar jiya na ajiye shi.

Yana cikin kogi na biyu ya ce, "Ka san wani lokaci ina tuna Ishaya. Da bai yi mini abin da ya yi ba, da mun ƙure wasan nan."

Ruwa ya fara sauka a kan kwanon shagon. Na ce, "Ba shi ba ne."

"Na'am?"

"Ba Ishaya ne ya faɗa ba. Ina jikin taga ranar. Ni na gaya wa Baba. Na kuma ce masa lafiyarka ƙalau."

Bai ɗago ba. Na ga kwalekwalen ya tafi kai tsaye ya daki dutse, ya kife. Ya ajiye hannun a kan tebur a hankali.

"Saboda me?"

"Kana cin doya, ina cin rama. Kana wasa, ina noma. Ban da wani dalili da ya wuce wannan."

Ya juya ya kalli hanya. Sannan ya ce, "Ƙafar ba na ɗora wa kowa, Allah ne ya rubuta. Amma yaron nan sau uku yana zuwa, Yaya. Kana tsaye." Ya cire hannun daga wayar, ya miƙo mini duka biyun. "Ka tafi da shi. Ruwa zai tare ka."

Sati uku bai kira ni ba, na kira bai ɗauka ba. Marka ta wuce, sabuwar masara ta fara shigowa kasuwa. Ni kuwa kullum idan ciniki ya lafa sai in jingina wayar a jikin mudu in riƙe hannun. Ina mutuwa, ina dawowa inda na yi sebin. A kogi na uku na ga ruwan da ke gangarowa daga dutse, yadda ya ba ni labari ina juya masa baya.

Inna ce ta kira ni. Ta ce Mudi ya bi ta wajen wani fasto da ke kawo masa gyara, an yi ta tambaya har aka samo lambar Ishaya. Yana Kafanchan yana koyarwa, 'ya'yansa huɗu. Ta ce ranar da suka fara magana sun fi awa biyu, Mudi yana dariya yana share ido. Yanzu wai duk Lahadi idan Ishaya ya taso daga coci sai su haɗa wayoyinsu ta intanet su yi wasan, ɗaya a Mpape ɗaya a can.

Na ce, "Madalla." Kuma har zuciyata na ji daɗi. Amma da na ajiye wayar na zauna ina tunanin su biyun, mai tuƙi da mai harbi, sai na ji wani ɗaci a bakina. Ina da shekara arba'in da bakwai, ina da shago cike da hatsi, ina kishin wani malamin makaranta a Kafanchan.

Ranar wata Laraba da hantsi na ƙure wasan. Kogi bakwai ne. A ƙarshe kwalekwalen ya isa wani tafki, mutanen biyu suka sauka suka ɗaga hannu, wani rubutu ya hau sama, shi ke nan. Na ɗauki hoton fuskar wayar. Na daɗe ina riƙe da shi kafin na tura wa Mudi, ban rubuta komai ba.

Har azahar shiru. Ina auna wa wata mata gero sai wayar ta yi ƙara. Kalma huɗu ya rubuto: "Da sebin ko babu?"

Na rubuta "babu". Na tsaya ina kallon kalmar, matar tana jira da bakin buhu a buɗe. Na goge. Na rubuta, "Da shi. Ya fi sau ɗari."

Sai ga saƙon murya. Na kara a kunne. Dariya ce ta fara zuwa, irin tasa mai haɗe da tari, sannan ya ce, "Na sani, ai yatsunka ba su canza ba. Ka zo ranar Asabar in koya maka tuƙi. Lahadi ta Ishaya ce."